Tambaya da Amsa: Wahid Hamid, marubucin finafinan Masar

Tambaya: Assalamu alaikum. Na kalli wani tsohon fim na Adil Imam inda aka tsare mutane a ofishin gwamnati, aka ce a kawo musu gasasshen nama. Wa ya rubuta shi? Daga mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam. Sunan fim ɗin Al-Irhab wal Kabab, wato Ta'addanci da Gasasshen Nama, ya fito a 1992, Sharif Arafa ne ya ba da umarni, Wahid Hamid kuma ya rubuta. An haifi Wahid a 1944 a lardin Sharƙiyya, ya karanta ilimin zamantakewa a Jami'ar Alkahira, ya fara da gajerun labarai da wasannin rediyo kafin ya shiga fim. Ya rasu ranar 2 ga Janairun 2021.

Ki ko ka sake duba yadda ya ɗaure labarin. Wani magidanci ne ya je Mujamma, katafaren ginin ma'aikatun gwamnati na wancan lokacin da ke dandalin Tahrir, don a sauya wa 'ya'yansa makaranta. Wannan ma'aikaci yana kan sallaya, waccan tana kan waya, mai riƙe da takardun kuwa kullum ba ya kujerarsa. Rai ya ɓaci, aka yi kokawa da masu gadi, bindiga ta faɗo hannunsa, nan take aka ce ɗan ta'adda ne. Da minista ya tambayi buƙatar magidancin da mutanen da ke tare da shi a ginin, sai aka rasa abin faɗa in ban da kabab. A ganinmu nan gwanintar take: wuri ɗaya, buƙata ƙarama, amma mai kallo na dariya yana ganin wahalar talaka tsirara.

Tambaya: Ina rubuta labarin fim a Kano. Wane mataki labari ke bi a Masar kafin a ɗauke shi, kuma a ina ake samun cikas?

Amsa: A can aikin kashi uku ne, har a jerin sunaye ana raba su: ƙissa, wato ainihin labarin; sinaryo, wato yanka shi fitowa-fitowa, kowace da wurinta da lokacinta, dare ko rana, ciki ko waje; sai hiwar, maganganun 'yan wasa. Wahid yakan haɗa ukun shi kaɗai. A ƙiyasi, shafi ɗaya minti ɗaya ne a allo, don haka fim na awa biyu yana cin shafi 120 ko kusa da haka. Kuskuren sababbin hannu shi ne soma hiwar tun ba a gama yanka fitowa ba. Sai surutu ya yi yawa, labari ya tsaya cak.

Babban cikas kuwa hukumar tace finafinai ce, wadda suke kira Riƙaba. Sau biyu ake zuwa gabanta: da rubutun kafin a kunna kyamara, da fim ɗin bayan an kammala. Izinin farko ba ya tabbatar da na biyu. Fim ɗin Wahid mai suna Al-Bari na 1986, wanda Atif al-Tayyib ya ba da umarni, Ahmad Zaki ya fito a matsayin ɗan ƙauyen da aka sa gadin fursunonin siyasa, sai da aka datse ƙarshensa kafin a bari a nuna shi.

Tambaya: Wahid ya yi rubutun wasan dandamali kuwa?

Amsa: Ya yi, har da Juha Yahkum al-Madina da Samir Ganim ya taka, sai dai ba a nan sunansa ya yi tashe ba. Dandamali na dogara da baki, fim kuwa da ido. Daga baya ya mayar da littafin Imarat Ya'ƙubiyan na Ala al-Aswani fim a 2006, ɗansa Marwan Hamid ya ba da umarni, sannan ya rubuta Al-Jama'a na talabijin a 2010 kan tarihin ƙungiyar 'Yan'uwa Musulmi.