Amsa: Na'urar haske mai juya lokaci

Malam, ka tambayi yadda na'urar cikin labarinka mai aiki da haske za ta riƙa mayar da lokaci baya ba tare da mai karatu ya ga rainin hankali ba.

Ni dai a ganina, ka gindaya mata ƙa'ida. Hasken rana kan ɗauki kimanin minti 8 kafin ya iso duniya. To, na'urar ta koma baya gwargwadon tsufan hasken da ta zuƙa: na rana minti 8 kacal, na taurari kuwa shekaru, tunda mafi kusa ma ya haura shekara 4. Ka ga dole jaruminka ya jira dare, in hadari ya haɗu kuma ta mutu murus. Fitila fa? Ko ƙiftawar ido ba za ta ba shi ba.