Kafin ka ɗora sabuwar Resolve

Jiya muna tashi daga aiki ka tambaye ni: "Oga, sabuwar DaVinci Resolve ta fito, in ɗora ta a kwamfutar aiki? An ce kayan gyaran launinta sun fi na da nesa ba kusa ba." Manhajar nan tamu ta tace fim kake nufi. Na ce ka bari sai na zauna. To ga amsarka, yarona.

Kar ka ɗora tukuna. Ina da yaƙinin tana da kyau, ni kaina na ƙagu in taɓa ta. Amma aiki biyu ne a buɗe a kwamfutar nan, ɗaya ma mun kai rabin gyaran launinsa, kuma mai shi yana jira.

Ka san Resolve tana tara ayyukanmu duka a rumbu ɗaya. Ranar da ka buɗe sabuwa, za ta ce ka sabunta rumbun ya dace da ita. Da zarar ka amsa, shi ke nan, tsohuwar ba za ta ƙara buɗe shi ba. Idan wani abu ya ƙi daga baya, babu abin da zai fisshe ka sai kwafin da ka ajiye tun farko.

Na taɓa yin wannan gaggawar, shekarun baya. Saura kwana biyu in miƙa fim, na ɗora sabuwa da daddare. Da safe na buɗe, sai ga wata ƙaramar manhaja ta wani kamfani daban, wadda nake jonawa don share ƙurar hoton dare, ba ta aiki, domin masu ita ba su kai ga sabunta tasu ba. Duk fitowar da aka ɗauka cikin duhu ta koma tana tsatsa kamar an watsa mata yashi, ga fuskar jarumar ta yi dabbare-dabbare. Ban ajiye kwafi ba. Kwana na yi ina bin su ɗaya bayan ɗaya da hannu. Laifina ne, kuma ba na so ka ɗanɗana irin wannan daren.

Idan mun miƙa ayyukan nan, ga yadda za mu yi. Ka fara ajiye kwafin rumbun gaba ɗaya a faifai na waje, sannan ka fitar da kowane aiki mai muhimmanci shi kaɗai. Ka duba ko wadda ta fito ɗin ta gwaji ce, don kamfanin da ke yin ta, Blackmagic Design, ya saba sanar da sabuwa a baje kolin NAB na Las Vegas cikin Afrilu, ya saki ta gwaji, cikakkiyar kuma sai bayan watanni. Ta gwaji ba ta hawa kwamfutar da muke cin abinci da ita. A ɗaya kwamfutar za mu fara, bayan ka sabunta direban katin hoto, wato ƙaramar manhajar da ke tafiyar da katin, tunda a kan katin nauyin Resolve yake.

Gwajin da na fi yarda da shi mai sauƙi ne. Ka ɗauko tsohon aiki da muka gama, ka ciri hoto tsayayye a tsohuwar, na fuska a kusa. Ka buɗe aikin a sabuwar, ka raba allo biyu, rabi wancan rabi wannan. Ka kalli goshi inda haske ke ƙyalli, ka kalli inuwar ƙasan haɓa. In layin da ya raba su bai nuna ba, mun samu lafiya.

Batun kayan launi kuwa, gaskiya aka faɗa maka, kowace sabuwa da abin da take kawowa. Tun da Blackmagic ya sayi kamfanin da Vinci, masu manhajar na asali, a 2009 yake ta ƙara mata ɗakuna: Fairlight na sauti a Resolve ta 14, Fusion na siddabarun hoto a ta 15, Magic Mask a ta 17 wanda ke bin mutum da kansa yana ware shi daga bayansa, amma sai a Studio ta kuɗi. Ta 19 a 2024 ta zo da ColorSlice, mai yanka launi kashi-kashi har da kason fata na musamman. Wannan na ji daɗinsa ƙwarai, aikin da kan ci mini minti ashirin ya koma na biyu.

Sai dai na lura da kai makon jiya. Ka zuba wa fitowar nan launin shuɗi mai kyau, alhali farin bangon yana ja-ja, baƙin kuma ya nutse har gashin mutumin ya haɗe da duhu. Ma'aunan haske da launi suna gefenka a buɗe, ba ka ko waiwaye su ba. Sabuwar ba za ta gyara wannan ba. Haske ake fara daidaitawa, sai fari, sai a haɗa fitowa da 'yar'uwarta, ado ya zo daga ƙarshe. Fata kuma, baƙa ce ko fara, a ma'aunin nan mai da'ira kusa da layi ɗaya take kwanciya, tsakanin ja da rawaya.

Gobe da safe ka buɗe fitowar, ka kashe adon da ka sa, ka daidaita ta da ma'auni kaɗai, sannan ka kira ni in gani. Faifan ajiyar yana cikin durowata ta sama, ka fara kwafin rumbun yau kafin ka tafi.