Wace Tereza za ki yi wa takwara?

'Yata, saƙonki ya iso. Kin ce za a yi wa jaririyarki baftisma da sunan Tereza, fada ya tambaye ki wace Tereza, kika rasa amsa, shi ne kike son sanin ko dole sai an zaɓi ɗaya. Ba dole ba ne, amma fada ya yi miki gata. Ko a gida idan an yi wa mutum takwara, ai an san wanda ake nufi. Haka sunan baftisma yake a wurinmu Katolika: waliyiya za ki nema wa yarinyar, mai yi mata addu'a, wadda za ta taso tana koyi da halinta.

Babba cikin waliyyai masu wannan suna ita ce Tereza ta Abila a ƙasar Sifen, an haife ta a 1515, ta rasu a 1582. Mace ce mai kamar maza, ta gyara ƙungiyar sistocin Karmel, ta kafa gidaje 17. Ranarta 15 ga Oktoba.

Amma wadda ke raina ita ce ƙaramar, ta garin Lisieux a Faransa. Tana shekara 15 ta shiga Karmel, tarin fuka ya ɗauke ta a 1897 tana da 24 kacal. Ba ta gina komai ba, ba ta je wa'azi ko'ina ba. Shara da wanki da haƙuri da abokan zama, su ta riƙa yi saboda ƙaunar Allah, ta kira wannan ƙaramar hanya. Duk da haka a 1927 Paparoma ya naɗa ta majiɓinciyar masu kai bishara. Kakarki tana da hotonta a jikin bango kusa da fitila, tana rungume da gicciye da furanni, gefensa duk ya yi baƙi da hayaƙi. Da shi muka koyi addu'ar dare.

Ita kanta Mama Tereza ta Kalkata, wadda kika fi sani, sunanta na yanka Agnes. Albarkacin wannan ƙaramar ta ɗauki sunan. An sa ta cikin tsarkaka a 2016, ranarta 5 ga Satumba.

In shawarata kike so, ki ɗauki ƙaramar. Ki faɗa wa fada, ki faɗa wa uwar baftisma, sannan duk 1 ga Oktoba, wato ranarta, ki kai yarinyar coci, ki dafa mata abin da take so. Hoton yana wurina, zan zo da shi ranar baftisma.

Goggonki