Kaza da 'Ya'yanta: A Tare Suke, Ko Ido Ne Ya Haɗa Su?

Tambaya: Assalamu alaikum. Da hunturu ina ganin taurarin nan da ake kira Kaza da 'Ya'yanta a cunkushe wuri guda. Shin da gaske a tare suke, ko daga nan ƙasa ne kawai muke ganin su haka? Yaya masana suka gane? Kuma da me zan kalle su sosai?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. A tare suke da gaske, kuma ba duk taurarin da ido ya haɗa ne za a faɗa wa haka ba. Kaza, wadda Larabawa ke kira Surayya, tari ne na taurari fiye da 1,000 da aka haifa daga gajimare guda na iskar gas da ƙura, kimanin shekara miliyan 100 da suka wuce. Haskensu yana ɗaukar wajen shekara 440 kafin ya iso mana. Ido lafiyayye yana ƙirga shida ko bakwai, sauran sun yi dishi-dishi da yawa.

Gano haka ya ɗauki ƙarnoni. Abdurrahman al-Sufi, masanin taurari na ƙasar Farisa, ya rubuta a littafinsa na shekarar 964 wasu wurare a sama masu kama da ɗan hazo, amma ido kaɗai ba ya iya tsinke hazon. A 1610 Galileo ya juya na'urar hangen nesa kan Kaza, ya zana taurari 36 a inda aka saba ganin shida. Sai dai yawa ba hujja ba ce ta zama tare. Wanda ya kawo hujjar shi ne John Michell na Ingila a 1767. Lissafi ya yi: in da an warwatsa taurari a sama barkatai, mene ne yiwuwar masu haske irin waɗannan su faɗo wuri guda? Ya samu kusan ɗaya cikin 500,000. Wannan aiki ya cancanci a san shi fiye da yadda aka san shi, domin da alƙalami ya warware abin da na'ura ta kasa. Daga baya awo ya tabbatar: 'yan tarin nan nisansu ɗaya, kuma duk gefe guda suke tafiya da gudu kusan ɗaya. Kumbon Gaia na Turai, wanda aka harba a 2013, da irin wannan awo ya tantance ɗan gida da baƙo.

Ga misalin yadda ido ke ruɗuwa. Kusa da Kaza akwai wani tari mai siffar harafin V, Hyades, mai nisan shekarar haske (tazarar da haske ke ci a shekara guda) kamar 150. Jan tauraron nan Aldabaran da ke bakinsa kowa zai rantse cikinsu yake, alhali nisansa 65 ne kawai. A kan hanya ya tsaya.

Taruka iri biyu ne. Kaza tana cikin buɗaɗɗu, masu ƙuruciya, waɗanda jan junansu ba shi da ƙarfi sosai, don haka a hankali suke watsewa. Ana ƙiyasin ita ma za ta tarwatse nan da shekara miliyan 250. Na biyu su ne dunƙulallu, kamar curin fura, masu taurari daga dubu ɗaruruwa har miliyoyi, da shekaru sama da biliyan 10. An san kimanin 150 a gungun taurarinmu, wato babban gungun da Rana take ciki (Milky Way). Na farko da aka gano cikinsu, M22, Abraham Ihle ne ya gano shi a 1665. A 1918 Harlow Shapley ya lura yawancinsu sun taru a gefe guda na sama, daga nan ya gane Rana ba a tsakiyar gungun take ba, can gefe take.

Batun kallo kuwa, kada ka kashe kuɗi kan babbar na'ura saboda Kaza. Faɗinta ya kusa ninka faɗin cikakken wata sau huɗu, babbar na'ura kuma tana matse fili, sai ka ga taurari ƙalilan ba siffa. Madubin hangen nesa mai ido biyu, mai lamba 7x50 ko 10x50 a jikinsa, shi ya fi dacewa. Ka jingina gwiwar hannu a katanga, saboda rawar hannu ita ke ɓata kallo tun kafin komai. Lokacinta daga Nuwamba zuwa Fabrairu ne. A Kano ko Maraɗi takan hau kusan tsakar ka. A watan Mayu tana ɓuya cikin hasken rana, sai Yuni ta sake fitowa da asuba. Ka zaɓi daren da babu farin wata, ka nisanci fitilu, ka ba idonka minti 20 zuwa 30 a duhu ba tare da duba waya ba, domin hasken allo yana mayar da kai farko. Ranar da hazo ya yi kauri ka haƙura, ƙura tana haɗiye ƙananan taurarin.

Akwai kuma wanda bai kamata ya wuce ka ba: Omega Centauri, mafi girman dunƙulallun gungun taurarinmu, mai taurari wajen miliyan 10 a nisan shekarar haske 17,000. Daga Landan ba ya fitowa sam. Edmond Halley a tsibirin Saint Helena ya bayyana shi a 1677. A ƙasar Hausa yana hawa digiri 30 a sararin kudu. Daga ƙarshen Afrilu zuwa Mayu, tsakanin ƙarfe 10 da 11 na dare, nemi farin tauraron Spica lokacin da ya kai ƙololuwa, ka sauko kudu sak kimanin dunƙulen hannu uku da rabi, hannunka a miƙe. Za ka ga ɗan farin tabo mai faɗin wata. In ya yi wuyar gani, ka ɗan kauce da idonka gefe, domin gefen ido ya fi tsakiyarsa kama raunannen haske. Madubin 10x50 ba zai raba maka taurarinsa ɗai-ɗai ba; wannan sai na'ura mai bakin santimita 15 ko fiye.