Fankar Tebur Za Ta Iya Sanyaya Babban Falo?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina zaune a gidan haya a Sakkwato, kuma falonmu babba ne, tsawonsa mita 6, faɗinsa mita 5, rufin kwano ne da silin na roba wanda ba zai ɗauki nauyin fankar sama ba. Da bazara 'yan uwa kan taru a nan bayan magariba, wani lokaci mu kai mutum goma, har da surukata wadda ta manyanta. Ina son sayen fankar tebur mai ƙarfi da za ta sanyaya ɗakin gaba ɗaya. Wace iri zan nema, kuma me zan duba kafin in biya kuɗi? Daga wata mai karatu a Sakkwato.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malama. Kafin a je kasuwa, akwai abin da ya kamata ki sani, domin a kansa duk shawarar da zan ba ki ta ginu: fanka ba ta rage zafin iskar da ke cikin ɗaki. Abin da take yi shi ne kaɗa iska a kan fatar mutum, zufa ta bushe da sauri, bushewar kuma ta ɗauke zafin jiki. Idan kika rufe falon kika bar fanka tana juyi awa uku babu kowa, ma'aunin zafi ba zai sauka ba, hasali ma injinta zai ƙara ɗan ɗumi kaɗan. Saboda haka tambayar da za ki riƙe a zuciya ita ce, mutum nawa iskar za ta taɓa, kuma daga wane nisa.

A nan ne fankar tebur take da iyaka. Mafi yawan waɗanda ake sayarwa a kasuwanninmu inci 12 ne ko inci 16, wato faɗin fukafukansu santimita 30 ko 40. Mai inci 12 an yi ta ne domin mutum ɗaya ko biyu a gefen gado ko a teburin aiki, kuma ba na ba ki shawarar sayenta domin falo ko da an rage miki kuɗinta. Mai inci 16 ita ce mafi ƙanƙantar da ta dace da buƙatarki, amma ita ma iskarta tana da ƙarfi ne a mita biyu zuwa uku na farko, daga nan ta fara raunana. A ɗaki mai tsawon mita 6, wanda yake zaune a ƙarshen kujeru zai ji motsin iska kawai, ba zai ji sanyin da yake nema ba. Idan kuma tana juya kai hagu da dama domin ta game kowa, to kowane mutum zai samu rabonsa ne na 'yan daƙiƙoƙi sannan ya jira ta dawo.

Gaskiyar magana ita ce, fankar tebur guda ɗaya ba za ta wadatar da mutum goma a falo mai wannan girma ba, komai sunan kamfanin da ya ƙera ta. Abin da na fi gamsuwa da shi shi ne fankoki biyu masu inci 16, a ajiye su a kusurwoyi biyu da suke fuskantar juna ta karkace, kowacce a kan tebur ko kanta mai tsayin da ya kai ƙirjin wanda yake zaune. Idan kuɗin bai kai na biyu ba a yanzu, ki duba fankar tsaye mai inci 18 a maimakon ta tebur, domin tsayinta yana ba iska damar wuce kan kujeru, kuma ana iya ɗaga ta ko a sauke ta. Akwai kuma ta bango, wadda ake kafewa da kusoshi a jikin bulo, ba ta buƙatar silin ko kaɗan, kuma tana nesa da hannun yara. Ki nemi izinin mai gida tukuna.

Idan kin je shago, kada yawan wat da aka rubuta a kwali ya ruɗe ki. Wat yana nuna wutar da fanka take ci ne, ba yawan iskar da take bayarwa ba. Fanka mai inci 16 kan ci wat 45 zuwa 60, kuma mai cin 60 ba lallai ta fi mai cin 50 iska ba, domin siffar fukafukai da lanƙwasarsu suna da tasiri sosai. Haka nan yawan fukafukai ba hujja ba ce: masu biyar sukan fi laushin sauti, masu uku kuma sau da yawa ba su gaza su iska ba. Hanyar da ta fi inganci ita ce ki sa mai shago ya kunna ta, ki ja da baya taku huɗu ko biyar, ki ji ko iskar tana motsa mayafinki. Sannan ki saurari sautinta a lamba ta ɗaya da ta ƙarshe. Ƙarar iska ba laifi ba ce, amma ƙarar ƙarfe ko kakkarwar jiki alama ce ta fukafukan da ba su daidaita ba. Ki bar ta ta yi aiki na 'yan mintuna, ki taɓa bayan injin. Ɗumi kaɗan daidai ne, zafin da hannu ba zai jure ba kuwa gargaɗi ne.

Injin shi ne zuciyar lamarin, kuma a nan ake samun bambancin farashi. Masu gyaran fanka sun fi yaba wa injin da aka naɗa koyil ɗinsa da wayar jan ƙarfe, saboda ya fi jure zafi da raunin wuta fiye da na alminiyom, kuma idan ya ƙone ana iya sake naɗa shi. Wannan yana da muhimmanci a unguwannin da wutar lantarki take zuwa ba ƙarfi, domin fankar da aka yi don bolt 220 zuwa 240 idan ta samu abin da bai kai haka ba sai ta riƙa juyi a hankali, iskar da ke sanyaya injin ta ragu, koyil ya yi ta gasuwa. Idan kin ga tana gurnani ba ta tashi, ki kashe ta nan take. Sau da yawa matsalar ba ta wuce ɗan kafasita ba, wato ƙaramin abin da ke taimaka wa injin ya fara juyi, wanda canza shi ba ya da tsada. Ki tambayi garanti, ki karɓi rasit, ki kuma duba cewa ragar ƙarfen da ta rufe fukafukan matsattsiya ce yadda yatsan yaro ba zai shiga ba, gindin kuma yana da nauyin da ba zai kife ba idan an ja wayar.

Batun kuɗin wuta ba abin damuwa ba ne sosai. Fanka mai wat 50 idan ta yi awa 8 ta ci yunit 0.4, wato kusan yunit 12 a wata. Biyu za su ci yunit 24, alhali na'urar sanyaya ɗaki mafi ƙanƙanta tana cin abin da ya ninka na fanka ɗaya fiye da sau goma.

Abin da ya fi zama matsala shi ne ɗaukewar wuta a daidai lokacin da ake buƙatarta, shi ya sa nake ganin ɗaya daga cikin biyun ta zama mai caji. A nan ki duba batir, ba hoton da ke kwali ba. Batir mai bolt 12 da amfiya-awa 7 (ana rubuta shi 7Ah) yana ɗauke da ƙarfin da zai juya fanka mai wat 20 na kimanin awa uku zuwa huɗu a babbar lamba, ya fi haka daɗewa a ƙarama. Awannin da ake rubutawa a kwali galibi na ƙaramar lamba ne. Batir na dalma yana saurin lalacewa idan ana barin sa ya mutu ƙurmus ko ana ajiye shi a wuri mai zafi, na litiyom kuma ya fi tsada amma ya fi tsawon rai. Ki tabbatar ana samun madadinsa a kasuwa, kuma idan fankar tana da ƙofar haɗa faifan sola, wannan ƙari ne mai amfani a gari mai rana irin Sakkwato.

Inda aka ajiye fanka yana iya fin ƙarfinta tasiri. Rufin kwano yana tara zafi da rana, bango kuma yana ci gaba da sakinsa bayan faɗuwar rana, don haka da daddare cikin ɗaki ya fi waje zafi. Da zarar iskar waje ta fara sanyi, ki buɗe tagogi biyu da suke fuskantar juna, ki ɗora fanka ɗaya kusa da taga tana kallon waje domin ta fitar da iskar da ta ɗumama, sabuwa ta shigo ta ɗayar, fanka ta biyu kuma ta fuskanci mutane. Da rana a yi akasin haka, a rufe tagogin da rana take bugawa, a saki labule mai kauri. Ragar sauro a tagogi wajibi ce idan za a bar su a buɗe.

Game da surukarki, ina so ki kula da kyau. A watannin Afrilu da Mayu zafin Sakkwato yakan haura digiri 40, wanda ya fi ɗumin fatar mutum, kuma a irin wannan yanayi fanka ita kaɗai tana hura iska mai zafi ne a jiki. Tsofaffi ba sa yin zufa kamar matasa, saboda haka iskar ba ta yi musu aikin da take yi wa sauran, tana iya ma ƙara musu wahala. A jiƙa mata tawul ko mayafi da ruwa a ɗora a wuya da hannaye, a riƙa ba ta ruwan sha a kai a kai ko ba ta nema ba, sannan a kunna fankar a matsakaiciyar lamba. Da yake iskar bazara a wajenku busasshiya ce, shanya jiƙaƙƙen zane a ɗan nesa gaban fanka yana rage zafi a zahiri, amma kada a rataya shi a jikin fankar ko kusa da soket. Wannan dabara tana raguwa da amfani idan damina ta kama, iska ta cika da danshi. Idan kuma kika ga jiri, ruɗewa ko fata ta yi zafi ta bushe, a kai ta asibiti ba tare da jinkiri ba.

Ƙurar hunturu tana maƙalewa a fukafukai da ramukan bayan inji, tana rage iska tana kuma ƙara zafin koyil. Kafin bazara ta shigo, ki cire wayar daga soket, ki kwance ragar, ki wanke fukafukan da ruwa da sabulu, ki goge bayan injin da busasshen buroshi, sannan ki ɗiga man keken ɗinki kaɗan a sandar da fukafukan suke juyi a kai.