Amsa ga Hajiya kan ma'aikacin da ke kawo ciniki amma ba ya ganin kowa da gashi

Assalamu alaikum Hajiya. Kin ce kina da ma'aikaci a shagonki na Wuse wanda ya fi kowa kawo ciniki, amma yana wulaƙanta na ƙasa da shi, yana kuma yi wa masu saye alkawuran da ya san ba za a cika ba, kina tambaya ko ki yi haƙuri da shi ko ki sallame shi. Na taɓa shiga irin wannan hali a lokacin da nake kula da wani shagon kayan gini a kasuwar Dei-Dei, kuma har yau ina nadamar tsawon lokacin da na ɗauka ina kawar da kai.

Yaron namu ya san 'yan kwangila kamar yunwar cikinsa, siminti da rodi ba sa kwana a hannunsa. Sai dai yana zagin masu lodi da direbobi a gaban baƙi, ni kuma kullum ina cewa ai zafin aiki ne. Abin da ban lura da shi ba shi ne, sauran ma'aikata ba ƙa'idojin da muka manna a bango suke karantawa ba, abin da nake ƙyalewa suke kallo. Cikin 'yan watanni magatakardanmu mai riƙon amana ya ajiye aiki ba tare da ya faɗi dalili ba, ƙananan yaran shago kuma suka fara kwaikwayon bakinsa. Wannan asarar ba ta fitowa a littafin ciniki, shi ya sa take ruɗar mai shago.

A ganina, ki raba laifuffukan nan biyu. Rashin ladabi yana gyaruwa idan aka zauna da mutum a keɓe, aka ambata masa ranar da abin ya faru da kalmar da ya furta, aka ba shi wa'adi. Yaudarar mai saye kuwa cin amana ce da sunanki, kuma ni ranar da na gano namu yana tura rodi mai milimita 10 a matsayin mai 12, a ranar na san zamanmu ya ƙare.

Kafin ki ɗauki mataki, ki tabbata lambobin masu sayenki suna rubuce a shago, ba a wayarsa kaɗai ba, ki kuma haɗa shi da wani su riƙa fita tare. Sannan komai ya kasance a rubuce: takardar neman bahasi, amsarsa, da takardar gargaɗi. Ki duba takardar ɗaukarsa aiki game da wa'adin sanarwa kafin sallama. Sashe na 11 na Dokar Ƙwadago ya tanadi mako 1 ga wanda ya wuce wata 3 bai kai shekara 2 ba, mako 2 daga shekara 2 zuwa ƙasa da 5, wata 1 daga shekara 5 zuwa sama. Rikicin sallama yana zuwa ne Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, kuma tana duba ko an ba mutum damar kare kansa, saboda haka ki nemi lauya kafin ki sa hannu.

Ba zan ɓoye miki ba, bayan tafiyarsa cinikinmu ya yi ƙasa na wani lokaci, wasu 'yan kwangila sun bi shi. Ki ware kuɗin albashin 'yan watanni kafin ki kira shi zaman farko.