Amsa: Brian Cox ya daɗe a fage kafin Succession

Ɗan'uwa, ka yi tambaya ko dattijon da ya fito a matsayin Logan Roy a shirin Succession sabon shiga ne wanda tauraronsa ya haska bayan ya tsufa. Ko kusa ba haka ba ne. An haifi Brian Cox a shekarar 1946 a birnin Dundee na ƙasar Sikotland, mahaifinsa ya rasu yana ɗan shekara 8, kuma tun yana matashi ya shiga gidan wasan kwaikwayo na Dundee Repertory yana yin aike da ƙananan ayyukan bayan dandamali, kafin ya tafi Landan ya yi karatun sana'ar a makarantar LAMDA.

A ganina, ainihin ƙarfinsa a kan dandamali yake. A 1987 ya fito a wasan Titus Andronicus na Shakespeare, inda jarumin yake yanka 'ya'yan sarauniya biyu, ya dafa namansu, ya ajiye mata a gabanta ta ci, kuma rawar da ya taka a wannan wasa mai tayar da hankali ta ba shi lambar yabo ta Olivier, babbar lambar wasan dandamali ta Birtaniya. A 1990 kuma ya fito a matsayin Sarki Lear, a wani wasan na Shakespeare, a gidan wasan National Theatre na Landan.

A fim, shi ne ya fara fitowa a matsayin Hannibal Lecter, likitan nan mai kisan mutane, a Manhunter na 1986, shekara 5 kafin Anthony Hopkins ya taka wannan rawa. Ya ci Emmy, lambar yabo ta talabijin ta Amurka, saboda fitowarsa a matsayin Hermann Göring, jigon 'yan Nazi, a shirin Nuremberg, ya kuma yi Agamemnon, sarkin Girkawa, a fim ɗin Troy na 2004. Succession, wanda aka fara a 2018, ya same shi yana da shekara fiye da 50 a sana'ar.